Tsingaro Daga Masar

Basra, watan Safar, shekara ta 364 bayan Hijira

Da sunan Allah nake farawa. Daga Barira 'yar Hammadu mai tangaran, zuwa ga ƙanena, ɗan Goggona, Nu'aimu, a unguwar magina tukwane ta Fusɗaɗu, ƙasar Masar.

Gaisuwa mai yawa, da fatan kana lafiya kai da iyalinka Warda, wadda ban taɓa gani ba amma ba na raba ta da addu'a. Ni alhamdu lillahi, in ban da gwiwar hagu da ke yi mini gardama wajen sujada.

Bayan haka, sai haƙuri. Kawunka, Babana, ya rasu a farkon Muharram. Bai sha jinya ba, kuma da kalmar shahada ya cika. Allah ya yi masa rahama.

Tun ranar tanderu bai ga wuta ba. Masu hura ta sun watse, ɗaya ma kifi yake sayarwa yanzu a bakin gada. Jiragen da a da suke tsayawa nan sun koma bi ta tekunku, kasuwarmu ta yi sanyi. Ni kaɗai na rage a gidan, sai kyanwa.

Ka san abin da ke raina. Kakanmu ya ɗauko dabarar nan wajen masu zanen gilashi, ya yi ta toya kwanoni yana fasawa har aka ce ya taɓu, kafin Allah ya nuna masa launin zinariya a jikin yumɓu. Baba ya ɗora a kai, har ya zama mai tsoron Allah yana iya cin abinci a kwano mai walƙiya ba tare da ya taɓa kwanon zinariyar da aka hana mu ba. Ba zan zura ido abin nan ya mutu a hannuna ba.

Sai dai tun ina budurwa Baba ya rantsar da ni cewa ba zan rubuta haɗin garin da muke zana kwano da shi a takarda ba. Na juya rantsuwar ta kowace fuska, ban ga inda ta hana ni in niƙa in aiko ba. Ga shi nan a ƙullin fata. Ka dama da ruwan tsamin dabino, ka zana a kan farin kwano da ya riga ya sha wutar farko, ka mayar da shi wuta ta biyu. Zancen wuta kuwa ba ni zan koya wa Sarkin Hayaƙi ba. Har yanzu idan na tuna hancinka baƙi ƙirin a bakin tanderu sai in yi dariya ni kaɗai.

Ka gwada, ka rubuto. Allah ya yi jagora.

Yayarka, Barira

*

Fusɗaɗu, Jimada Sani, 364

Zuwa ga Yaya Barira, tare da gaisuwa da ban girma.

Daga Allah muke, gare shi za mu koma. Na karanta takardarki a tsaye, na ƙarasa ta a zaune. Kawu shi ne uban da na sani. Allah ya haskaka kabarinsa. Muna lafiya. Warda na gaishe ki, ta ce ki riƙa shafa wa gwiwar man zaitun da ɗumi.

Ƙullin ya iso. Mai tanderun da nake wa aiki, wani dattijo Kirista ne mai suna Girgisu, bakinsa ya fi wuƙa kaifi amma cikinsa fari. Na roƙe shi ya ba ni gefe guda a wutarsa. Na dama, na zana, na toya, na toshe ƙofa na ba su hayaƙi kamar yadda muke yi a gida. Da tanderu ya huce na buɗe.

Yaya, laka. Duk inda na zana ya fito baƙi-baƙi, ja-ja, kamar an shafa taɓon rafi ya bushe. Girgisu ya leƙo ta kafaɗata ya ce, "Ɗan Basra, wannan ce zinariyar taku? Mu nan gindin tukunya muke ce mata." Ma'aikata suka yi ta dariya har da riƙe ciki. Na kwashe su na fasa a bayan gida, yadda Kawu ya koya mana, cewa abin da ya lalace ba ya kwana, kada idon maƙwabci ya karanta shi.

Ina zaton danshin teku ne ya ɓata garin. In haka ne, aiko da ƙulli ba zai fisshe mu ba, haɗin nake buƙata.

Zan faɗi wata magana, ki yafe mini. Na girma ina cusa zarɓar dabino a tanderun Kawu har gashin girata ya ƙone. Amma duk ranar buɗewa sai ya ce, "Ku tafi masallaci ku yi mini addu'a." Kafin mu dawo ya kwashe kaya a kwanduna, ya rufa da tabarma, ya shige da su cikin gida. Ba mu ƙara ganinsu sai a rumfa suna walƙiya. Na san dalili, ɗan mace ba ya gadon sirri. Ban riƙe shi a zuciya ba. Amma in har da gaske kike abin nan ya rayu, to kada ke ma ki tura ni masallaci.

Ƙaninki, Nu'aimu

*

Basra, Ramadan, 364

Zuwa ga ƙanena Nu'aimu. Aminci ya tabbata a gare ku. Ina lafiya, azumi ya zo da zafi amma muna ɗauka. Ka ce wa Warda man ya yi amfani, Allah ya saka.

Maganarka ta shiga. Na kwana biyu ina juya ta, sannan na yafa mayafi na tafi wajen malamin da ya biya mana karatu muna yara. Ya tsufa ƙwarai, sai na ɗaga murya, abin da ka san ba na so.

Na ce, "Allah gafarta malam, na yi rantsuwa ga mahaifina, kuma ya rasu."

Ya ce, "Wa ya rasu?"

Na maimaita, na kwashe labari duka na faɗa masa. Ya lumshe ido har na zaci barci ya ɗauke shi, sai ya ce, "'Yar Hammadu, ubanki ya rantsar da ke don ya tsare sana'a ne, ko don ya binne ta?"

Na ce, "Don ya tsare."

Ya ce, "To wanda ya yi rantsuwa ya ga abin da ya fi ta alheri, sai ya yi alherin ya yi kaffara. Tashi ki ciyar da miskinai goma, ki bar ni in huta."

Na dafa kifi da shinkafa na ciyar da su bayan shan ruwa. Sha ɗaya na ciyar, domin ɗaya daga cikinsu na ga takalminsa sabo ne, zuciyata ba ta natsu ba.

To ga haɗin. Ka sami azurfa da jan ƙarfe, jan ƙarfen ya rinjaya in kana son ja, azurfar ta rinjaya in kana son ruwan zuma. Ka ƙona su tare da garin farar wuta a rufaffen kasko har su zama baƙin dunƙule mai rugurgujewa. Ka haɗa da jar ƙasa wadda aka riga aka gasa, ta fi su yawa sosai, ita ce uwar goyo. Ka niƙa da ruwan tsami a kan dutse. Niƙan nan shi ne wahalar. Ka yi ta yi har sai ka ɗanɗana a haƙori ba ka ji tsakuwa ba, sannan ka ƙara wuni guda. Kada ka zana a kwano mai maiƙon hannu.

Wannan shi ne abin da na rantse a kai, kuma ga shi na rubuta da hannuna. Sauran aikin ba sai na ɓata takarda ba, ko yaro ya san shi.

Ba na tura ka masallaci, Nu'aimu. In ka je, ka je don Allah.

Barira

*

Fusɗaɗu, Rabi'u Sani, 365

Yaya, gaisuwa. Muna nan da rai. Na yi tari kwanakin baya, hayaƙi ne, ya wuce.

Na daɗe ban rubuto ba don ina son in rubuto da albishir. Babu.

Na yi haɗin kamar yadda kika ce. Warda ta niƙa har tafinta ya yi kanta. Da ya sake fitowa laka sai na ce laifin tanderun Girgisu ne, ya yi girma, wutarsa ba ta jin magana. Na gina ƙarami da hannuna a lungun da ya ara mini. Na raba ɗakin wuta da ɗakin kaya. Na huda ido a gefe don in riƙa ganin launin wutar, in tsayar da ita tana ja kamar hantar rago, kada ta kai fari. Na yi wa bututun sama murfin yumɓu mai zamewa, in ja shi hayaƙi ya cika ciki, in tura shi iska ta shiga, in yi ta yi bi da bi. Ko Kawu bai da wannan, shi da tsumma jiƙaƙƙe yake toshewa. Zarɓa tana da tsada a nan, na gwada karan wake, na gwada ƙaiƙayi, na gwada busasshiyar ƙaya. Girgisu da kansa ya tsuguna ya daɗe yana wasa da murfin nan, ya ce, "Kai, kanka na ja. Abin tausayi, gindin tukunya kake toyawa da shi."

Tsibin fasassun da ke bayan gida ya kai ƙuguna.

Na koma kan takardarki na karanta har ta fara yagewa a ninki. Kin ce sauran aikin ko yaro ya san shi. Wane saura? In wuta kike nufi, na ba ta duk abin da na sani da wanda ban sani ba. In kuwa akwai wani abu da kika rage don rantsuwar ba ta sake ki duka ba, ki faɗa mini gaskiya, in daina ƙona itacen mutane. Ba zan ga laifinki ba, na san yadda kike da Allah. Amma ya fi mini ki ce "ba zan faɗa ba" da ki ce yaro ya sani.

Girgisu ya yi haƙuri iyaka. Yana buƙatar lungunsa, ya ba ni wa'adi zuwa tasowar kogin Nilu. In ruwa ya fara hawa ban ga komai ba, zan tafi Fayyum. Ana neman masu gina tulunan ban ruwan gonaki a can. Tulu ba ya ba mutum kunya, ka toya ya fito tulu.

Ga tsingaro guda na sa a cikin takardar, daga wutar ƙarshe, don ki ga da idonki abin da nake samu.

Nu'aimu

*

Basra, Rajab, 365

Nu'aimu, ƙanena. Ina lafiya, ka gafarce ni na taƙaita gaisuwa. KADA KA ƘARA FASA KO ƊAYA.

Takardarka ta same ni a bakin rijiya ina wanke-wanke. Na kwance ta tsingaron ya faɗo a cinyata. Ina karanta maganarka raina na ɓaci, hannuna kuma na yin abin da ya saba ba da sanina ba. Na dangwali toka da jiƙaƙƙen yatsa ina murza shi. Da na kai inda ka ce Fayyum na sunkuya don in share ido, sai rana ta tashi a tafin hannuna.

Zinariya ce, Nu'aimu. Ja-ja, mai ruwan zuma, idan ka karkata ta sai ta yi shuɗi-shuɗi kamar wuyan tattabara. Wallahi, kuma ka san ba na saurin rantsuwa yanzu, ko na Baba ba su kai wannan kyau ba.

Haka suke fitowa. Kullum haka suke fitowa, da lakarsu. Jar ƙasar nan goyo kawai take yi, ta kai ƙarfen cikin wuta, shi ya shige jikin kwano, ita ta tsaya a sama ta ƙone. Sai an goge ta. Kwandunan da Baba ke shigowa da su a rufe, mu yake kawo wa. Ni da Inna mu zauna a tsakar gida da toka da dusa da tsumma, mu yi ta murza. Inna na kiransa wankan jarirai, ta ce ba ɗan da ke zuwa duniya da tsabta. Ban taɓa ɗaukar sa sana'a ba. A wurina wanke-wanke ne, kamar na kwanonin tuwo. Ban taɓa kawowa a raina cewa ku da ke waje ba ku san da shi ba, kamar yadda ku ma ba ku taɓa kawowa cewa akwai abin da ake yi a bayan labulen ba. Shi ne sauran da na ce ko yaro ya sani. Ashe yaron cikin gida ne kawai.

Tun ƙullin farko ka yi nasara. Na zauna na tuna tsibin da ka ce ya kai ƙugunka, sai da na kama bakin rijiya.

Na raba tsingaron biyu. Ga rabi, na goge gefe na bar gefe. Ayarin Sham zai tashi jibi, na roƙi madugun da girman Allah kada ya tsaya da ita. Ka jira ni. Kada ka tafi ko'ina.

Barira

*

Basra, Shawwal, 365

Zuwa ga Nu'aimu, ko Warda, ko duk wani mai tsoron Allah da wannan takarda ta faɗa hannunsa a unguwar magina ta Fusɗaɗu.

Ina gaisuwa. Jikina lafiya, hankalina ne ba a kwance ba. Labari ya zo cewa an tare ayarin Sham a hamada, mutane sun tsira da rai amma kaya sun tafi. Takardata ta Rajab tana cikinsu. Na san kuma yanzu Nilu ya kusa tasowa.

Ban zauna kuka ba. Maƙwabciyata Ummu Sahalu za ta sauke farali bana. Na ɗinke wannan takarda da ragowar tsingaron a cikin ɗamararta. Ta yi alkawarin za ta bi tantunan Misrawa a Mina ɗaya bayan ɗaya har ta sami mutumin Fusɗaɗu. Wanda ya san Ummu Sahalu ya san za ta yi, ko don su rabu da bakinta za su karɓa.

Saƙon a taƙaice: kwanonin ba su lalace ba. Baƙin da ke kansu a goge shi da toka da jiƙaƙƙen tsumma, zinariyar na ƙasa. Duba tsingaron.

Akwai abin da zan ƙara, Nu'aimu. Da na ji labarin ayarin sai na ce to bari in yi da kaina. Akwai fararen kwanoni da Baba ya bari. Na zana, na share tanderu, na hura wuta da hannuna, ni da ban taɓa tsayawa a bakinta ba. Maƙwabta suka fito suna tambaya ko gobara ce. Da ya huce na goge, na goge, har yatsuna suka yi jini. Fari fat. Ba komai a ƙarƙashi, wutar ta cinye. Na sake, wannan karon hayaƙi ya yi yawa, kwanonin suka yi toka-toka har cikin jikinsu. Ashe abin da kuke yi a waje ba cusa zarɓa ba ne kawai. Rabi na hannuna, rabi na hannunka, kuma ba mai amfani in ba ɗayan.

In wannan ma ta ɓata zan rubuta wata. In ta ƙi, badi zan bi mahajjata da gwiwar nan tawa, daga Makka in wuce Masar, in zo in goge maka da hannuna.

Barira

*

Fusɗaɗu, Safar, 366

Zuwa ga Yaya Barira, daga Warda matar ƙaninki. Ni ban iya rubutu ba, mai rubutu na ƙofar masallaci nake faɗa wa, in kin ga kuskure nasa ne.

Ina gaishe ki gaisuwar da ba ta da iyaka. Yaya gwiwa? Mu lafiya lau, har mun fi lafiya.

Yaya, ƙaninki ya tafi Fayyum tun ruwa bai gama hawa ba. Ya rushe bakin ƙaramin tanderunsa da ƙafa, ya ce kada a ƙara ambata masa Basra. Ni na zauna wajen mahaifiyata. Rannan ina shanya albasa sai ga wani alhaji, ko gida bai isa ba, ya ce, "Ke ce matar ɗan Basra? Karɓi, don Allah karɓi. Wata mata ta biyo ni har wajen jifa, ta ce in ban kawo ba za ta kai ƙarata gaban Allah."

Kafin in nemi mai karanta mini, tsingaron ya faɗo. Gefe baƙi, gefe kamar an yanko rana. Na san baƙin nan, ni na niƙa shi. Da aka karanta mini ban tsaya jin ƙarshe ba, na kwasa da gudu.

Ga abin da ƙaninki bai sani ba. Duk sanda ya tara kwanoni zai fasa, sai in faki idonsa in zare ɗaya ko biyu. Ni 'yar talakawa ce, ba na iya ganin kwano lafiyayye ana fasa shi don kawai ba shi da kyau. A ɗakin tattabaru na ɓoye su ina zuba musu hatsi, wurin da na san ba ya shiga. Ba a wanke kwanon tattabara, shi ya sa ban taɓa gani ba. Na zazzage hatsin, na ɗebo toka, na tofa yawu don ban tsaya neman ruwa ba. Yaya, ihun da na yi sai da tattabarun suka watse.

Na nannaɗe ɗaya a mayafi na kai wa Baba Girgisu. Ya juya shi, ya kai shi rana, ya ƙwanƙwasa, ya ce, "Yarinya, gidan wane attajiri kika shiga?"

Na ce, "Gindin tukunya ne, Baba."

Ya ɗauki sandarsa ya zagaya bayan gida, ya hau kan tsibin fasassun nan ya zauna, ya ce duk wanda ya matso zai ji a ƙwaurinsa. Da ƙyar aka sauko da shi cin abinci.

Na bi jirgin hatsi da yayana zuwa Fayyum. Na tarar da shi yumɓu har gwiwar hannu, tuluna jere kamar sojoji. Ya ce, "Wa ya mutu?" Na ce ba kowa. Na miƙa masa baƙin kwano da tsumma da toka na ce, "Goge."

Ya ce, "Warda, kin biyo ni har nan ki yi mini ba'a?"

Na ce, "Yayarka ce ta ce ka goge. In kana da ƙarfin hali ka ce mata a'a."

Ya karɓa yana harara ta. Ya murza sau ɗaya, sau biyu. Sai ya zauna daɓas a cikin yumɓun mutane. Ya yi dariya, ya yi kuka, ya ce, "Masallaci! Ashe wanka ake musu muna masallaci!" Sannan ya dube ni ya ce, "Ke kuma ina kika sami wannan?" Na ce ya tambayi tattabaru.

Mai rubutu ya ce takarda ta ƙare, in rage surutu. Mun dawo tare. Ki yi mana addu'a.

Ƙanwarki, Warda

*

Fusɗaɗu, Jimada Awwal, 366

Yaya, gaisuwa da neman gafara. Na zarge ki da ɓoye abin da ba ki ɓoye ba.

Muna lafiya. Na gyara tanderu. Girgisu ya rushe katangar lungun ya ƙara mini fili, yanzu shi ke korar masu leƙe. Wuta uku na yi tun dawowata, duka sun ba da kai. Ranar buɗewa ba wanda ke zuwa ko'ina. A nan bakin tanderu muke shimfiɗa tabarma, ni da Warda da ma'aikata, kowa da tsummansa. Ita kuma na fara koya mata kallon launin wuta, har ta fara gyara mini.

A ɗaya takardar na rubuta miki wutar duka, da zanen murfin hayaƙin, ban rage ko abin da nake ganin yaro ya sani ba. In akwai mai hankali a Basra da kika yarda da shi, ki ba shi.

Ga kwano guda cikin auduga. Shi ne na fari da na zana bayan dawowata. Ban goge shi ba. Wankan jariri na manya ne.

Nu'aimu

*

Basra, Ramadan, 366

Zuwa ga ƙanena Nu'aimu da ƙanwata Warda. Aminci da rahamar Allah su tabbata a gidanku, har da tattabarun. Ina lafiya. Na yi sujadar godiya, gwiwar ma ba ta yi musu ba.

Ba abin yafewa, amma na yafe don ka samu natsuwa. Ka gaida dattijon nan Girgisu, ka ce 'yar Hammadu ta gode da aron lungu.

Kwano ya iso lafiya. Na yi alwala, na zauna inda Inna ke zama, na jiƙa tsumma. Na fara daga baki a hankali, ina tsoron kada ka rubuta aya a abin cin abinci. Da na ga "albarka ga mai shi" ne kawai, sai na saki raina. Ina gangarawa sai ga ganye, sai ga gangar jiki a karkace, sai ga bakin rijiya. Dabinon tsakar gidanmu ne, wanda ka faɗo daga kansa. Yana nan, ya ƙara karkacewa. Na daɗe ina duban na kwano ina duban na gaske.

A nan na tsaya. Rabi na goge, rabi na bar shi da lakarsa.

Tsohon mai hura wutarmu da ya koma sayar da kifi, na aika an kira shi, shi da matarsa. Na karanta musu takardarka ta wuta, na nuna musu niƙa, su biyun a zaune wuri ɗaya. Bayan salla za mu gwada murfinka. Na sake ciyar da miskinai, don ban tabbata kaffarar farko ta rufe wannan ba.

Kwanon yana kan taga inda rana ke bugawa. Duk wanda ya shigo sai ya ce, "Kash, Barira, wannan da bai ƙone rabi ba!" Sai in miƙa masa tsumma da toka in nuna masa baƙin. Amma gurbin yatsa ɗaya kawai nake bari kowa ya goge, don ina so baƙin ya isa na bayanmu.

Yayarku, Barira